Yadda Na Ɗaura wa Dabinon Surukina Aure a Gidan Kyarkeci

Tun da na dawo daga Khaibar ban gyara firji ɗaya cikin kwanciyar hankali ba. Duk wanda ya leƙo shagona a unguwar Sultana ta Madina, maimakon ya ce injinsa ya daina sanyi, sai ya ja kujera ya ce, "Abu Yusuf, wai da gaske kyarkeci ya tsare ka a kan bishiya?" Na faɗa da safe, na faɗa da yamma, har labarin ya fara ƙiba a bakina ba da sanina ba. Ranar Asabar kyarketai uku ne, kafin Alhamis sun kai arba'in. Shi ya sa na ce bari in rubuta shi sau ɗaya in huta, kafin a wayi gari in ji kaina ina cewa da zaki na yi kokawa.

Bakina ne ya ja mini. Surukina, Baba Haruna, ya zame a banɗaki ya karye a ƙugu, aka kwantar da shi a gidansa na Aziziyya. Shi haifaffen nan ne. Mahaifinsa ne ya tako daga ƙasar Katsina da ƙafa, ya yi hajji, ya ƙi komawa, ya samu 'yar gonar dabino a wani ƙauye kusa da Khaibar. Na je dubiya na tarar da ɗakin cike da dattawa, Baba yana kuka da cewa lokacin barbarar dabino ya yi, ga shi a kwance.

Ni mutumin birnin Kano ne, a faranti na san dabino. A ranar na ji cewa akwai namiji akwai mace, kuma iska ba ta isa ta haɗa su yadda ake so ba. Sai mutum ya hau, ya yanko furen namiji, ya cusa silinsa cikin furen mace ya ɗaure. Furen mace in ya tsage, 'yan kwanaki kawai yake jira. In aka makara, 'ya'yan su fito ƙanana, ba ƙwallo ba zaƙi, shekara ta tafi a banza. Baba ya ce tun yana saurayi bai taɓa bari shekara ta wuce gonar mahaifinsa ba.

Ɗakin ya yi shiru, ni kuwa ba na iya zama da shiru. Na ce ai hawan dabino wasan yara ne, ni da ƙuruciya giginya nake hawa ba igiya, da kofin shayi a hannu, in sauko bai zube ba. Dattawa suka yi dariya. Baba bai yi ba. Ya buɗe ido ɗaya ya ce, "Alhamdu lillahi. Allah ya kawo mai hawa."

Wa zai dubi surukinsa a gaban mutane ya ce wasa yake yi? A hanyar gida Rakiya matata ta ce, "Ya rajil, kai da ko tsanin kwandishan sai an riƙe maka? Ka san nauyinka kuwa?" Na ce mata nauyi daban, ƙwarewa daban. Ta ce, "Halas, shi ke nan. Ka dai bar mini makullin shago."

Kaya biyu Baba ya ba ni. Na farko damin furen namiji da wani abokinsa mai gona a Madina ya ba shi, an naɗe a takarda an ɗaure da zare. Ya ce in riƙe shi kamar iƙamata, takardar izinin zamana a ƙasar. Na biyu bunsuru, tsaraba ga tsohon abokinsa Awwad, mutum ɗaya tilo da ya rage a ƙauyen.

Muka tashi bayan sallar asuba da Adam, wani ɗan Chadi mai a-kori-kura, wanda ba ya rabuwa da rediyo, kuma duk abin da ya ji sai ya maimaita maka da ƙari. A shingen bayan gari wani askari ya karɓi takardunmu, ya duba ni, ya duba hoton, ya ce da Larabci hoton ya fi ni rama. Na ce albarkar Madina ce. Ya leƙa baya ya ga bunsuru, ya ce, "Shi fa wannan, ina iƙamarsa?" Na ce ɗan ƙasa ne, a Aziziyya aka haife shi. Ya yi dariya ya ɗaga mana hannu.

Hanya ba abin gani sai baƙin dutse, kamar an kife gawayin duniya a wuri ɗaya. Ba mu yi nisa ba Adam ya fara atishawa. Ƙurar furen nan ce ta cika gaban motar, wani wari-wari kamar ƙullun da ya kwana. Ya yi ɗaya, ya yi goma, motar tana karkata da kowace atishawa. Ya ce, "Ya akhi, ko wannan dami ya koma baya ko mu koma lahira." Da muka tsaya a wata gahawa, wato gidan shayi na bakin hanya, na ɗauki damin na kai baya, na tura shi ƙarƙashin tamfol, na danne da dutse. Bunsuru yana kallona. Ni ma na kalle shi. Ban kawo komai a raina ba.

Gahawar irin mai dogayen gadajen igiya ce, waɗanda in ka hau ƙafarka ba ta taɓa ƙasa, ka zauna kana lilo kamar yaro. Muka ci dafaffen waken ful da burodin tamis mai zafi. Mai wurin ya kawo shayi a 'yar buta da kofuna kamar murfin kwalba. Shekara ashirin ina ƙasar nan, har yau ban gane dalilin da zai sa ƙato ya sha abu a irin wannan kofi ba. A gida in an ce a ba baƙo abin sha, ƙwarya ake cikawa, ya sha har ya nemi wurin jingina.

Gaba kaɗan muka ga abu yana rataye a jikin wata bishiyar ƙaya, kai ƙasa. Adam ya rage gudu ya ce kyarkeci ne. Makiyayan nan in sun harbe shi haka suke rataye shi a bakin hanya, wai 'yan'uwansa su gani su shiga taitayinsu. A wajenmu maharbi fata yake feɗewa ya shiga gari da ita ana kiɗa. Nan kuwa sanarwa ake kafawa, kamar kyarkeci yana bin titi yana karatu. Na tambaya ko akwai su inda za mu. Adam ya ce, "Shuwayya." Duk wanda ya zauna da mutanen nan ya san shuwayya, wato kaɗan, tana iya zama biyu, tana iya zama runduna.

Da muka hango korayen dabinai, Adam ya ce mutanen da can, saboda tsoron zazzaɓin Khaibar, in sun iso bakin gari sai su yi kukan jaki sau goma, wai zazzaɓin ya ɗauka ba mutum ba ne. Na ce a'uzu billahi, camfin jahiliyya, ni ba ruwana. Sai wani sauro ya sauka a hannuna, na rantse ya kai fara. Na juya wajen taga kamar zan tofar da yawu, na ɗan yi guda ɗaya a hankali, don dai in ji yadda suke yi. Jama'a, sai aka amsa mini. Daga cikin duwatsu jakuna suka ɗauka, sun fi ashirin, suka fito suna kallon motar. Adam ya kifa kai a kan sitiyari yana dariya, sai da muka tsaya. Ya ce jakunan ƙauye ne, da mutane suka sayi motoci suka sake su, suka hayayyafa a daji ba mai su. "Amma wallahi ban taɓa ganin sun tarbi wani haka ba."

Ƙauyen ya kashe mini jiki. Gidajen ƙasa da dutse, wasu har hawa biyu, ƙofofi a buɗe, ba hayaƙi ba kukan yaro. Mutane sun koma sabon gari inda akwai lantarki da famfo da asibiti, sai lokacin girbi wasu ke leƙowa. Amma ba za ka ce wurin ba kowa ba. Makwarwa tana kiwo da 'ya'yanta a tsakar kasuwa. Yanyawa tana zaune a kan wani soro kamar ita ta biya magina. Ƙayar beguwa a bakin rijiya, tantabaru sun cika tagogi. Adam ya rage murya ya ce haka ya ji a rediyo game da garin nan na can wajen ƙasar Rasha, inda injin nukiliya mai ba da wuta ya fashe, aka kwashe mutane a motoci suka bar tukwane a kan murhu. Wai yanzu namun daji sun fara shiga unguwanni. Na ce su guba ta kore su, mu kuwa kwandishan ne, har da hannuna a ciki.

Awwad ya fito daga wani lungu yana dogara sanda, tsoho siriri kamar an shanya shi. Hausarsa kalma uku ce da ya koya wurin mahaifin Baba: sannu, tuwo, da wani zagi da ba zan rubuta ba. Ya haɗa mini duka ukun a gaisuwa. Duk da furfurar gemuna, "ya waladi" yake ce mini, wato yarona. Ya ce mun zo a kan gaɓa, matan dabinon Haruna sun tsage kwana uku ke nan, in aka wuce gobe sai haƙuri. Ina furen?

Na tafi da ƙwarin gwiwa na ɗaga tamfol. Dutse yana nan. Zare yana nan. Bunsuru ya dube ni, gemunsa fari fat da ƙura, ya yi gyatsa.

Adam ya ce, "Inna lillahi. Har takardar." Awwad ya leƙo, ya dubi bunsurun ya ce aƙalla shi ya san abu mai kyau. Na tambaya ko za a samu wani furen a wurin maƙwabta. Ya ce mazan da ke kusa sun yi fure da wuri, masu su sun yanke sun tafi. Namiji ɗaya ya rage, wanda mahaifin Haruna ya dasa da hannunsa a tsakar tsohon gidansu. Ya nuna da sanda. Na ɗaga kai, na ƙara ɗagawa, hulata ta faɗi.

"Sai dai gidan da mutane," in ji shi.

Na ce ai an ce shi kaɗai ya rage a ƙauyen.

"Maƙwabciyata ce, macen kyarkeci. Shekara uku ke nan tana haihuwa a ɗakin girkinsu. Bana huɗu ta haifa."

Adam ya ce ai abin mai sauƙi ne, ya ga tantin makiyaya a hanya, ba za a rasa mai bindiga ba. Tsohon ya dube shi kamar ya yi tusa a masallaci. Ya ce kafin ta zo, jakunan nan ba su bar ɗan dabino ko ɗaya ya tashi ba, duk abin da ya tsiro a gindi sai sun cinye shi har ƙasa. Tun da ta tare, jaki ba ya kusantar gonar Haruna. Ba ta taɓa masa akuya ba, don shi yana rufe nasa da wuri. "Mai gadi ce ba albashi. Ka kawo bindiga, Haruna ya rasa gona." Ya ce yanzu ta fita neman abinci, ba ta dawowa sai rana ta take. In yi sauri. Shi gwiwarsa ta daina dogon hawa. Na dubi Adam. Adam ya ce, "Ni direba ne."

Aka ɗaura mini igiyar hawa, wadda ke zagaye bishiya ta zagayo ƙugu. Ba ta kai ba, sai da aka ƙara da igiyar bunsuru. Shi kuwa Awwad ya ja shi ya tafi, domin a al'adarsu tsarabar da baƙo ya kawo ita ake fara yanka masa. Ban taɓa jin daɗin wata al'ada kamar wannan ba.

Na shiga gidan da sallama, don ban san me zan ce ba. Na tuɓe takalma da hula a gindin bishiya na fara hawa. Kututturen dabino yana da matakai, guntayen rassan da aka sare, amma wanda ya tsara su bai yi lissafin tumbi ba. In tura igiya sama, in ja jiki, in huta, in tuba. Da na isa sama na tarar da abin da ba wanda ya gaya mini: ƙaya mai tsawon yatsa a gindin kowane reshe, da ƙudan zuma da suka riga ni zuwa biki. Na sa lauje na yanko kwanso uku na fure, na cusa a buhun da ke wuyana. Har na fara tsara yadda zan ba da labari. Sai na duba ƙasa.

Tana zaune a gindin bishiyar, ta ɗaga kai tana kallona.

Tunda na yi alkawarin gaskiya: ɗaya ce. Kuma ba ta kai yadda nake faɗa a shago ba. Ramammiya ce, launin ƙasa, manyan kunnuwa, nonuwa a zube, ba ta fi karen mahauta ba. Amma idon nan rawaya, ba ya ƙiftawa. Ba ta yi gurnani ba, ba ta nuna haƙori ba. Kallon da take mini irin na matar gida ne da ta dawo daga kasuwa ta tarar da baƙo a kan gadonta. Ta yi hamma, ta kwanta, ta ɗora haɓa a kan ƙafafunta.

Sai 'ya'yan suka fito daga ɗakin girki, huɗu, ƙulu-ƙulu, suna tuntuɓe da juna. Suka ga takalmana. Sababbi ne, na fata, na sallar bara. Biyu suka kama ɗaya suna ja, na uku ya kwanta da ɗayan yana ci a nutse, na huɗu ya yi fitsari a kan hulata.

Adam yana can kan wata katanga mai nisa yana aiko da shawara. "Kada ka kalli idonta!" Na ce ina zan kalla. "Yi kamar ka mutu!" Na ce saura kaɗan ba sai na yi kamar ba. "In kira mai bindiga?" Ina so in rubuta cewa na tuna maganar tsoho na hana. Ban hana ba. Na ce ya kira shi, ya kira ƙaninsa, ya kira duk dangi. Adam ya ruga mota ya dawo ya ce ba makulli. Awwad ya zare shi tun ɗazu ya soke a ɗamararsa.

Na fi awa a sama. Igiya tana cin ƙugu, zuma ta harbe ni a kunne. Na karanta duk addu'ar da na sani, har da ta shiga kasuwa. Da idona ya gaji da kallon ƙasa sai na duba nesa, kuma daga can ne na ga abin da tsohon yake faɗa. Gonakin da ke gefen ƙauye, gindin kowane dabino fayau, an gwaguye. Gonar Baba kuwa, daga bangon gidan har bakin magudanar ruwa, 'ya'yan dabino ne kore shar, wasu sun kai ƙirji. Kamar an ja layi da alli.

Can sai ga Awwad yana tafe a hankali da kwano, kayan cikin bunsuru ne a ciki. Ya tsaya a bakin ƙofa ya yi mata magana kamar yadda ake yi wa maƙwabciya: baƙo ne, surukin masu gida, ba shi da hankali sosai amma ba mugu ba ne. Ya zagaya ya watsa kayan cikin a bayan katanga. Ta tashi, ta yi miƙa, ta yi wani ɗan sauti, 'ya'yan suka shige ɗaki a guje da rabin takalmina. Ta tsallake katangar ba ta ko waiwaye ni ba. Wannan ya ɗan ɓata mini rai.

Saukowa ba ta ɗauki lokaci ba. Fatar cikina tana nan a jikin bishiyar, duk mai shakka ya je ya duba.

Muka ci bunsurun da shinkafa a babban faranti. Awwad ya ƙi ci tare da mu, ya tsaya a kanmu yana yago nama yana turo mini, don a wurinsu mai gida ba ya sa hannu sai baƙo ya ƙoshi. A Kano da an ce ya sa wani abu a ciki. Na ci na rama, ban bar wa bunsurun nan komai ba sai ƙaho.

Daga la'asar ɗin ranar har washegari muna ɗaurin aure. Matan gajeru ne, tsani yana kaiwa. Awwad ya nuna mini: sili uku ko huɗu na namiji, a juya kansu ƙasa, a cusa tsakiyar furen mace, a ɗaure da ganye sako-sako, a yi bismilla. Shi yana yin biyar ina yin ɗaya, amma ba mu bar ko guda ba. Ya sauke mu a soron gidansa, tabarma da bargo mai warin hayaƙi, sauro kuwa ya nuna mini kukan jaki ba ya magani. Da Adam ya ba shi labarin garin Rasha, ya ce dabba ba ta tambayar abin da ya kore ka, ita dai ta ga ka tafi. Ya ce Allah ya sa waɗancan mutanen sun samu inda za su dasa wani abu.

Na dawo Madina da silifa ɗin Awwad, ƙafa ɗaya shuɗi ɗaya ja. A hanya muka yi shawara da Adam cewa maganar bunsuru ta mutu a Khaibar. Zan ce an yi aiki da damin da aka ba ni, lafiya lau. Don ƙarin shaida na riƙo sili ɗaya da ya rage.

Baba yana kwance, Rakiya tana ba shi kunu. Na durƙusa na gaishe shi, na ce an gama, ko ɗaya ba a bari ba, na miƙa masa silin. Ya karɓa ya kai hanci. Ya daɗe bai sauke ba.

"Wannan ba wanda na ba ka ba ne."

Na fara cewa wataƙila zafin hanya ne ya canza shi. Ya ɗaga hannu.

"Na tsakar gida ne. Na mahaifina." Ya ce shekara uku ke nan yana zuwa ya tsaya a bakin ƙofar nan ya juya, ya je ya roƙi fure a wurin mutane, bai taɓa gaya wa kowa ba. "Ka hau shi?"

Na ce na hau.

"Tana nan?"

Na ce tana nan, da 'ya'ya huɗu, duk masu cin takalmi.

"Ba a taɓa ta ba?"

Na ce wa zai taɓa ta ina wurin.

Ya sa silin a ƙarƙashin matashinsa, ya share ido da gefen mayafi. Sannan ya juya wajen 'yarsa ya ce, "Rakiya, gaya wa 'yan'uwanki su daina gardamar wanda zai riƙe gonar nan bayana. Ga mai ita. Kowace shekara shi zai hau."

Rakiya ta dube ni, ta dubi silifa, ta ajiye kwanon kunu ta fita tsakar gida. Har bakin titi ana jin dariyarta. Ni kuwa ina durƙushe, na buɗe baki, kuma karo na farko a rayuwata ban samu abin da zan ƙara ba. Na ce, "Na gode, Baba."